Audu Garma da kujera ɗaya a motar Kaduna

Shekara goma sha ɗaya da wata huɗu ke nan rabona da Kontagora. Yau da safe ina cikin kurɓar shayi a bakin siton da nake gadi a nan Fatakwal, labari ya iske ni: Audu Garma ya rasu.

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Babbar 'yarsa Hajara ce ta kira ni. Ta ce lafiya lau ya yi asuba a masallaci, ya dawo ya zauna a bencin ƙofar gida yana jiran koko, kafin a miƙo masa kokon rai ya yi halinsa. Ta ce ƙarfe sha ɗaya za a kai shi. Ko jirgi ne da ni ba zan samu jana'izar ba.

Da na buɗe waya, ko'ina hotonsa. Wanda ya san shi da wanda bai taɓa ganin ƙafarsa a kan ƙwallo ba, kowa rubutu yake. Zan ce wannan bai dame ni ba, amma ya dame ni. Sai dai ba shi ya sa nake wannan dogon fostin ba. Abin da ya sa shi ne, mutum wajen goma sun manna sunana a ƙarƙashin hotonsa, wai ga Ɗan Malam, aminin da ya sadaukar da wurinsa don Audu ya zama wani abu. Sai sa min albarka ake yi.

Ku ɗan riƙe albarkarku tukuna.

Ban sadaukar da komai ba. Shekara hamsin da 'yan kai ina karɓar godiyar da ba tawa ba. Yau mai godiyar ya tafi, bari in faɗi yadda aka yi kafin ni ma a kai ni da ita.

Yaran yanzu ba su san shi ba, su dai sun ga tsoho mai sanda yana yi wa matasa ihu a bakin fili. Ɗan wasan tsakiya ne, lamba shida. Ya fara da kulob ɗin wata masaƙa a Kaduna, zamanin da ake rubuta sunan ɗan ƙwallo a matsayin ma'aikacin sito, ya yi ta karɓar albashi bai san ma ta ina ƙofar siton take ba. Daga can ya yi Jos, ya yi Legas, ya tsallaka Kwatano ya yi kaka biyu. Shekara goma sha huɗu yana buga ƙwallo ana biyansa. Ya yi kyaftin, ya ɗaga kofi, an buga hotonsa a jarida. Da gwiwa ta ƙi sai ya koma koci, daga ƙarshe ya dawo gida ya share fili a bayan gidansa yana koya wa matasa.

Ni ma ɗan sito ne. Sai dai ni na san ƙofar, a bakinta nake yini.

Tare muka taso. Lokacin ba a yanke Jihar Neja ba, muna ƙarƙashin Sakkwato. An kawo shi makaranta daga wani ƙauye ta wajen Nasko, ɗan Kambari, iyayensa manoma, aka ajiye shi a gidan wani kawunsa mai sayar da itace. Hausarsa a karkace take a lokacin. Ya ce wa mace kai, ya ce wa namiji ke, mu yi ta dariya, shi ma yana taya mu. Ni ɗan cikin gari ne, babana malami mai zaure, shi ya sa yake kirana Ɗan Malam har ya koma ga Allah. Garma kuwa ni na laƙaba masa, don tsokana, saboda yadda yake bin fili daga wannan kai zuwa wancan kai a duƙe kamar mai huɗa. Sunan ya bi shi har jarida.

Ko sunan ma ni na ba shi.

Ƙafa ba takalmi muke bugawa, sai tsumma a idon sawu. Ƙwallon fata ce mai igiya, in ruwa ya jiƙa ta ka sa mata kai, ka yini kunnenka na kuka. Ni lamba takwas, shi lamba shida. Shi ke ƙwato ƙwallo ya miƙo min, ni in yanke mutum biyu uku, 'yan kallo su ɗauki sowa. Ba wanda ke tuna wa ya ƙwato ta. Wallahi a wancan lokacin da ka tambayi kowa a Kontagora wa ya fi a tsakaninmu, sunana za a faɗa maka. Masu shaidar sun kusa ƙarewa, amma da saura, in suna karantawa su yi magana.

Sai 'yan masaƙar Kaduna suka zo wasan sada zumunci. Suka ci mu uku da ɗaya. Ɗayan nan ni na ci.

Da aka tashi, kocinsu, wani dogon mutumin Gana mai lofe a baki, ya sa aka kira mu biyu gefen fili. Ga malaminmu na wasanni a tsaye, ga dattawan gari da aka jera wa kujeru ba su tashi ba, ga jama'a sun kewaye mu. Ya ce gurbi ɗaya ne da shi a masaƙa, kujera ɗaya ce ta rage a motarsu, gobe ƙarfe bakwai za su tashi. Sannan ya ɗora hannu a kafaɗata.

Tawa kafaɗar. Ku riƙe wannan.

To a gidanmu an hore mu ba a wawurar abu. In aka ba ka, musamman a gaban manya, kara kake yi. Ka ce a'a, a ba wane. Wanen ya ce haba, ai kai aka ba. Ka ƙara noƙewa, manya su ce karɓi mana yaro, sannan ka sa hannu biyu ka karɓa, kowa ya fita kunyar kowa. Duk ɗan gari ya san yadda abin ke zagayawa. Kamar ka iske mutum yana cin abinci ya ce maka bismilla, ka ce alhamdu lillahi ka wuce. Ba wanda ke neman buta ya wanke hannu.

Sai na sunkuyar da kai na ce, "Ai Audu ya fi ni buƙata. A ba shi."

Na tsaya ina jira ya ce haba.

Audu ya dube ni da idanun nan nasa ya ce, "To. Na gode, Ɗan Malam."

A garinsu in mutum ya ce maka ga shi, to ga shi ɗin ne. Malaminmu ya buɗe baki zai gyara zancen, ashe kocin ya riga ya tambayi me na ce, wani mai shisshigi ya fassara masa da Turanci. Ya ɗaga kafaɗa, ya ce lamba shidan ma ya yi masa, ya zaro biro ya rubuta suna. Baƙo ne. Ina ya san sau uku ake zagayawa?

Ba zan zalunci mamaci ba, na samu damar janyewa. Kafin magariba labari ya gama gari. Babana, wanda bai taɓa kallon ƙwallo a matsayin komai ba sai shiririta, ya kira ni zaure a gaban abokansa ya ce yau ya tabbata ya haifi ɗa. Tun da nake bai taɓa yabona a gaban mutane ba sai ranar. Da safe a bakin motar malaminmu ya ja ni gefe, ya ce direba bai tayar ba, in na ce uffan yanzu zai je ya yi wa kocin bayani. Na dubi 'yan rakiya, suna nuna ni da baki suna cewa ga yaron kirkin nan. Na dubi Audu, ya riga ya shiga ya zauna ya rungume ƙunshin kayansa, kawunsa na ta yi masa faɗa da Kambarci ta taga.

Na ce wa malam a bar shi kawai.

Wannan ba laifin Audu ba ne. Tun ranar na sani. Sanin bai hana ni komai ba.

Na ci gaba da bugawa a gari shekara biyu ko uku ina jiran wani kocin ya zo. Ba wanda ya zo. Na yi akawu a wurin awon auduga, na buɗe kanti ya karye, na yi direba a hanyar Mashegu har bayana ya ƙi. Duk wannan lokacin Audu yana cikin rediyo.

Ranar Asabar a shagon wani tela muke taruwa jin sharhin wasa. Da an ce Garma ya karɓe ƙwallo, sai kowa ya waiwayo ya dube ni yana murmushi, wani ya dafa ni ya ce kai ne sila. In yi murmushi ni ma. A cikina kuwa roƙo nake a ci su.

Ranar da aka ce an karya masa gwiwa a Legas, kafin tausayi ya iso, wani sanyi ya fara ratsa min ƙirji. Bai fi ƙiftawar ido ba, amma ya ratsa. Na yi istigfari a kan ƙiftawar nan fiye da yadda na yi a kan komai a rayuwata.

Shi kuwa bai bar ni na huta ba.

Jesinsa ta farko a hannun direba ya aiko min da ita. Ban taɓa sawa ba, sai da asu ya cinye ta a ƙasan akwati. Ɗansa namiji na fari sunana ya sa masa. Da babana ya rasu, ya bar babban wasa ya hau motar kaya ya taho, shi ya shiga kabari tare da ni muka karɓe shi. Kulob ya dakatar da shi saboda haka, bai taɓa gaya min ba, a bakin wani na ji bayan shekaru.

In aka yi hira da shi kuwa, ba ya gamawa sai ya ce akwai wanda ya fi shi a Kontagora, shi ya ba shi kujerarsa. Ka ji fa. Gorin da nake da shi guda ɗaya a duniya, cewa na fi shi, ya riga ni faɗa a rediyo kowa ya ji. Ya bar ni ba ni da abin cewa.

Ina za ka kai ƙarar mutum irin wannan?

Tun da na zo Fatakwal, duk kaka sai buhun dawa da doya sun iso a bayan tirela. Ba takarda. Direba dai ya ce Baba Garma ya ce a gai da Ɗan Malam. Ina ci. Ina jin haushi ina ci.

Ganina da shi na ƙarshe, ranar da na je masa sallama ce. Tuƙi ya gagare ni, wani ɗan garinmu ya samo min gadin nan, saura kwana biyu in tafi. Na same shi bayan la'asar a ƙarƙashin mangwaron bakin filinsa, ya miƙe ƙafa a kan benci, gwiwar ta kumbura kamar ƙwarya, ga farantin dafaffiyar gyaɗa a gefe. Yana ta yi wa wani ɗan wasa ihu ya miƙa ƙwallo, ba gadon gidansu ba ce. Da ya gan ni ya ce na tsufa. Na ce har gobe in aka ba ni ƙwallo sai na zaunar da shi. Ya ce ai shi yanzu ko akuya ta zaunar da shi, ba sai an ɗauko gwani ba.

Muka yi dariya. Ni dai da guzurina na zo. Na ƙudurta ba zan bar garin ba sai na soka masa magana ko sau ɗaya.

Na ce, "Audu, ka san ranar nan ba da gaske nake ba?"

Bai ko daina ɓare gyaɗa ba. Ya ce, "Na sani."

Ya ce sai da ya shekara biyu a Kaduna ya gane. Wata rana ya iske maƙwabcinsa a gidan haya, wani Bazazzagi, yana cin tuwo, mutumin ya ce masa bismilla. Ya wanke hannu ya zauna suka cinye tas. Yana siɗe hannu sai ya ji matar mutumin daga ɗaki tana mita, wai wannan baƙon bai san kara ba, tuwon mutum ɗaya ta tuƙa. Ya tambayi wani abokin wasansa mece ce kara, aka yi masa bayani. Ya ce nan take ya tuna da ni a gefen fili kaina a sunkuye, tuwon ya tsaya masa a wuya kwana uku.

Na ce to tun da ka gane, me ya sa kake ta yawo da sunana a rediyo kana ƙona ni?

Ya ce, "Ɗan Malam, da bakinka ka faɗa, kuma ka kwana ba ka janye ba. Ni abin da ka yi na sani. Abin da ke cikinka, kai da Allah."

Ya tauna gyaɗa. Sannan ya ce kada ya cuce ni da ƙarya.

"Ko a ranar na gane, da sai na shiga motar nan. Kai kana da zauren babanka. Ni in na koma, gona ce har in mutu."

Na so in yi fushi, na rasa ta inda zan kama.

Can sai ya ce in bar maganar Fatakwal ɗin nan. Ya ce gwiwa ba ta barinsa ya nuna wa 'yan wasansa komai sai baki, kuma har yau bai ga mai yanka irina ba. In zauna mu riƙe filin tare. Ga shagon gaban gida a kulle ba kowa, in buɗe in sa abin da nake so a ciki.

Wallahi raina ya so. Har na hango kaina da usur a wuya.

Sai bakina ya ce haba, kada in ɗora maka nauyi.

Ya dube ni ya daɗe. Ya ce, "Ɗan Malam, mun tsufa da wannan zagayen. Kana so ko ba ka so?"

Kalma biyu ce. Ina so. Amma sai na ji muryar 'yan shagon tela a kunnena, ana cewa Garma ya rufa wa Ɗan Malam asiri, Garma ya rama alheri. In yi shekara arba'in a matsayin wanda ya bayar, in ƙare a matsayin wanda aka taimaka wa? Na ce masa na riga na yi wa mutane alkawari a can.

Ya ce, "To."

Ya ɗauki sandarsa ya rako ni har bakin titi, ya tsayar min da mashin, ya ce in na isa in kira. Ban kira ba, shi ya kira. Duk salla sai ya kira. Wata sallar in ɗauka, wata in bar ta ta yi ta ringin har ta gaji.

Akwai abu ɗaya da ban taɓa faɗa ba ko ga kaina, yau zan faɗa. Na fi shi yanka, wannan ba na janyewa. Amma a Kaduna ba yanka kaɗai ake nema ba. Ana neman wanda zai yi gudu minti casa'in, koci ya zage shi a gaban jama'a ya ce to, a ajiye shi a benci wata uku ya ci gaba da zuwa atisaye kafin kowa. Ni da an daka min tsawa sau ɗaya da na haɗo kayana na dawo zauren babana. Da ni na shiga motar nan, ban san ko zan kai shekara biyu ba. Shi ya kai goma sha huɗu. Kujerar ta samu mai ita.

Har yanzu ina jin ɗacin. Mutum ya mutu ana ta yabonsa, ni ina nan ina lissafin mutum nawa za su sa hotona in tawa ta zo. Kun ga irin ciwon.

Ɗazu da safe kafin Hajara ta ajiye waya ta ce, "Baba, ka zo gida mana, ko addu'ar uku ka samu." Na ce kada su damu da ni, su ji da baƙin da ke gabansu. Ta ce, "To, Baba." Ta kashe.

'Yar ubanta.

Na zauna da waya a hannu har aka kira azahar ina jira ta sake kira. Tsoho da furfura, jikoki sun kusa aure, ina zaune a bakin siton siminti ina jira a zagaya min sau uku. Ba ta kira ba. Ba kuwa za ta kira ba, ba haka aka tarbiyyantar da ita ba.

Ni na kira. Na ce, "Hajara, ina so in zo."

Ta ce za a share min ɗaki.

Abin da na rubuta a nan zan maimaita shi a gabanta da ƙanenta mai sunana, da bakina, don kada su ci gaba da durƙusa min a kan alherin da ban yi ba. In sun ga dama su ci gaba da kirana Baba. Ku kuma da kuka sa sunana a ƙarƙashin hotonsa, don Allah ku cire. Ku bar masa hotonsa shi kaɗai.

Allah Ya jiƙan Audu. Allah Ya haskaka kabarinsa, Ya yalwata masa shi fiye da duk filin da ya taɓa gudu a kai. Allah Ya karɓi abin da ya yi min da zuciya ɗaya, Ya yafe masa kurakuransa, Ya ba Hajara da 'yan uwanta da uwarsu haƙurin rashinsa. Ya Allah, mutumin nan bai taɓa sa kowa ya roƙe shi sau biyu ba, Ka karɓe shi da rahamarKa tun daga ƙofa.

Duk wanda ya karanta har nan, ina roƙonsa ya yi masa ƙulhuwallahu ƙafa uku. In da saura a bakinku, ku roƙa min Allah Ya cire min abin nan daga ƙirji kafin in tsaya a kan kabarinsa.

Na je wurin manaja an duba min hutun da na tara. Kwana shida ne. Biyu na tafiya, biyu na dawowa, biyu a Kontagora.